Takalman Alhaji Jibrin

Likitar motsa gaɓoɓi ce ta jawo abin. Ta ce a samo wa Alhaji Jibrin wani abu mai ƙananan 'ya'ya da zai riƙa ɗauka yana ajiyewa, ko yatsunsa na hagu su tuna aikinsu bayan shanyewar ɓarin jiki. Aka kawo masa wake a faranti, ya ce shi ba kaza ba ne. Aka ce ya ja carbi da hagu, ya ce su ja da tasu hagun. Shi ya sa ɗansa Sa'ad, malamin tarihi a wata makarantar kuɗi, ya fito daga ɗakinsa na haya a unguwar Adjamé Liberté ta birnin Abidjan ya shiga kasuwar Black Market yana 'yan dube-dube.

A ƙarƙashin tarin tsofaffin cajojin waya ya ga kwalin. Mai kayan bai san ko mene ne ba, amma ya rantse na asali ne. Wani tsohon wasan allo ne na Turawa, mai zanen gidan dutse inda aka tsare fursunoni lokacin yaƙin duniya na biyu. Mutum ɗaya ke riƙe masu gadi, abokin wasansa ya riƙe fursunoni. Ana jefa 'yan lido, ana tara kati: igiya, mabuɗi, almakashin yanke waya, takardun bogi. Wanda ya haɗa kayansa, ya haura katanga, ya kai bakin allo, ya tsira. Sa'ad ya daɗe yana koyar da wannan yaƙi ga yaran da ke gyangyaɗi, sai ya ga yau ilminsa zai amfani wani.

Sai da woro-woro, tasin haɗaka, ya hau gada, kwalin na kan cinyarsa, ya tuna wanda zai kai wa.

Alhaji Jibrin ya zo Abidjan yana saurayi a bayan motar shanu, ya ƙare ƙarfinsa a kasuwar dabbobi ta Port-Bouët, ya haifi 'ya'yan da ko faɗa za su yi sai da Faransanci. Tun da ciwon ya kwantar da shi buƙatarsa ɗaya ce: a kai shi Maraɗi ya mutu can, a sa shi kusa da mahaifiyarsa. Likita ya ce jininsa ba zai ɗauki doguwar tafiya ba, ko ta mota ko ta sama. Hajara, 'yarsa ta fari kuma mai jinyarsa, ta riƙe maganar likita kamar daga sama ta sauko. Ba ta sa kwaɗo a ƙofa ba, don gidan haya ne a unguwar Biafra da ke ƙetaren gada, tsakar gida ɗaya, ƙofa ba ta rufuwa. Takalmansa ta kwashe kaf, ta bar masa korayen silifan banɗaki. Ta san ubanta. Mutumin da manyan mahauta ke tashi tsaye in ya shigo ba zai sauka Maraɗi da silifan banɗaki ba. Wannan dabara ta fi duk magungunan da aka rubuta masa aiki.

Shi Sa'ad ya yi wa uban alkawarin zai kai shi in ya ji sauƙi, ya kuma yi wa yayar alkawarin ba zai kai shi ba. Yana ganin hakan adalci ne.

Alhaji ya saurari bayanin wasan ido a rufe. Da aka gama ya ce, "To, Furofesa, kai ne mai gadi."

"Baba, ana canzawa ne. Yau ni, gobe kai."

"A'a. Kowa ya riƙe aikinsa."

Hajara ta leƙo da kwanon koko, ta ga 'yan lido, ta ce, "Caca ce kuma ka kawo mana? *C'est pas possible.* Kada in gan ta kan tabarmar salla." Daga ranar ba ta ƙara taɓa kwalin ba, ko shara take yi da tsintsiya take ture shi. Alhaji, wanda kunyar 'yar fari ta hana shi kiran sunanta tun haihuwarta, ya samo mata suna a cikin wasan. Ta zama Kwamanda.

Haka suka riƙa yi bayan la'asar. Sa'ad ya taso daga aji, ya ƙetare gada, ya zauna ya tsare ubansa. Yatsun hagun ba su tuna komai ba, da dama Alhaji ke wasa, likitar kuma ba wanda ya gaya mata. Amma ya ƙware. Yana ɓoye kati ƙarƙashin cinya, yana tura fursuna ɗaya gabas don a bi shi, na gasken yana lallaɓawa ta bayan kicin. Duk da haka ƙa'idar wasan ta fi ƙaunar mai gadi, kullum a bakin waya ake kama shi.

Wata ranar Laraba Sa'ad ya gaji da kama shi. Ya janye masu gadinsa daga katangar arewa, ya yi kamar yana duba waya. Alhaji ya dubi allon, ya dube shi.

"A kasuwa, in bijimi ya cika fizge-fizge, mukan ƙara masa tsawon igiya," in ji shi. "Sai ya ga kamar an sake shi, ya yi tsalle biyu, ya huce. Ni na koya wa yarana wannan. Kai wa ya koya maka?"

"Mantuwa na yi, Baba."

"To, na gode wa mantuwa."

Ya ɗauki fursunansa ya haura katanga, ya yanke waya, ya kai bakin allo. Bayan nan babu komai sai tabarma da sawun ƙwaryar koko.

"Sai ina?"

"Shi ke nan, ka ci."

"Na ce sai ina? Garinsu fa?"

Sa'ad ya ɗauko takardar ƙa'ida ya duba gaba da baya, kamar bai san abin da ke ciki ba. Waɗanda suka ƙirƙiri wasan ba su zana garin kowa ba. Alhaji ya jefa ɗan fursunan cikin aljihun rigarsa.

Da Sa'ad ya jawo kwalin zai mayar da kaya, ya ji nauyinsa ya canza. A ƙarƙashin kwalin da ke raba kati akwai takalman fata, baƙaƙe, sun sha mai. Ya gane su. Na Ibrahimu ne, tsohon mahaucin da ke ɗakin ƙarshe, wanda ya zo gaisuwa ranar Juma'a ya koma da ƙafa tsirara yana cewa zafi yake ji.

Alhaji bai ɗauke kai ba. Ya rage murya ya ce, "Sa'adu, in na taɓa yi maka wani abu, ka yafe mini."

Sa'ad ya gane nan take. Alhaji ba ya tafiya sai ya nemi gafara, haka aka rene shi. A baya, duk lokacin da ya ƙudura guduwa sai ya bi ɗaki-ɗaki yana neman yafiya, har matar da ke sayar da attiéké, dambun rogo, a bakin ƙofa takan ce ta yafe tun bai buɗe baki ba. Ta haka Hajara ke sanin ranar, ta zauna a ƙofa da kujera. Wannan karon ya rage yawan masu yafewa zuwa mutum ɗaya.

"Ba ka yi mini komai ba, Baba. Yaya Hajara fa?"

"Kwamanda ka isar mata bayan motar arewa ta wuce da ni Bouaké."

Sa'ad ya rufe kwalin da takalman a ciki, ya tura shi ƙarƙashin gado. A tsakar gida Hajara ta ce, "Ɗan Baba, wa ya ci yau?" Ya ce Baba. Ya tsaya kaɗan ko za ta ƙara tambaya, ta taimake shi, amma hankalinta na kan miya. Ya koma Adjamé ta gaban tashar motocin arewa, inda ake ɗaure kaya a kan motar safe. Ya yi lissafin cewa in uban ya mutu a hanya shi ya kashe shi, in ya mutu a Biafra ma shi ne. Duk karatunsa bai ba shi amsa ta uku ba.

Da safe bai je makaranta ba. Ya iso Biafra rana ta ɗan ɗaga, ya tarar da Alhaji zaune a kan benci a ƙofar ɗaki, cikin babbar rigarsa ta Idi, da hula, da 'yar jaka a gefe. Takalmin dama na ƙafarsa. Na hagun yana ƙasa, ƙafar da ta kumbura tana kwance a kansa kamar ta wani. Gumi ya jiƙa wuyan rigar.

Hajara na tsaye nesa da bokiti, idanunta jajur. Ta ce da Faransanci, a hankali, "Ban taɓa shi ba. Tun bayan asuba yake fama. Na ce in sa masa, ya ce shi ba ya karɓar taimakon gwamnati."

Sa'ad ya durƙusa, ya ɗaga ƙafar. Sanyi gare ta, ga nauyi. Ya tura, ya murɗa, ya sassauta maɗauri, yatsun kawai suka shiga. Ibrahimu ƙaramar ƙafa gare shi, ciwo kuma ya ƙara wa Alhaji tasa.

"Zan je Adjamé in samo babba, Baba."

"Ka samo ƙafar ma a can?"

Sa'ad ya sauke ƙafar a hankali. Matar attiéké ta juya musu baya tana gyara faranti.

Can Alhaji ya miƙo ƙafar dama. "Cire wannan. Ka mayar wa Ibrahimu, ka ce na gode, zafin ya wuce." Ya laluba aljihu ya fito da ɗan fursunan, ya sa shi a tafin hannun Sa'ad. "Shi ma mayar da shi ciki. Ka jera allon, tunda yau ba ka da aiki."