Takalman Fatihu

Shekarun Mas'uda a harkar rubuta labarin fim sun koya mata cewa wanda ya ɓata da furodusa ba ya daɗewa a raye a cikin shiri. Shi ya sa ba ta yi mamaki ba da furodusan shirinsu, Alhaji Wakili, ya bugo mata waya daga Kano, tana gida Sabon Birni.

"Yaron nan mai fitowa a Fatihu ya yi fushi ya bar mu. Ki kashe shi a dajin kawai. Dama masu kallo kuka suke so."

Haka 'yan fim ke faɗa, kamar sun taɓa bi gida-gida sun tambaya.

A shirin, 'yan bindiga ne suka sace Fatihu. A soron gidan su Mas'uda kuwa ga Inna Saude zaune, wadda ta gudo daga Gatawa bayan an tafi da ɗanta na fari, Muntaka. Ba ta fashin kallon shirin a wayar jikarta.

"Ke ɗiyar nan," in ji Inna Saude, "an ce ke ka rubuta abin ga. Yaron nan za shi dawowa?"

"Wane yaro, Inna?"

"Wanda kika sani. Kar ki maishe ni sakarai."

Mas'uda ta lura ko na cikin fim ɗin tsohuwar ba ta kama sunansa ba, don ta ɗora shi a gurbin ɗan fari. Nan take ta kira Kano.

"Alhaji, Fatihu zai dawo gida."

"Da wace fuskar? Na ce miki yaron ya tafi!"

"Ba ni buƙatar fuskarsa. A samo min takalmansa da tsohuwar da ke fitowa uwarsa."

"In abin ya kwaɓe, kin rubuta na ƙarshe a wurina."

"Na ji. Za ni turo maka rubutun kafin la'asar."

Ranar da aka nuna, mata suka cika soron. A cikin shirin aka ga takalma biyu, duk taɓo, a bakin ƙofar ɗaki. Inuwar mutum ta faɗo kan tabarma. Uwar tana tankaɗe, ta kawar da kai bango, yadda uwa ke yi wa ɗan fari, kyamara kuma ta tsaya a kanta. Can ta ce wa ƙanwar Fatihu, "Ba ki ga baƙo ba? Kawo masa ruwa."

Wayar Mas'uda ta shiga ruri, Alhaji Wakili ne. Ta kife ta.

Inna Saude ta gyara lulluɓi. "To, wagga dai tana da kunya," ta ce. "Haka a ka yi."

Ta tashi ta kwance ƙullin kayanta, ta ciro kwanon shan Muntaka, ta nufi bakin randa da toka a hannu don ta wanke shi.