Unguwar da Ba Ta Mugun Mafarki

"To Mama, jiya me aka gani?"

Georgette ta ɗaga biro tana jira. Maimuna ta gyara zama a kan benci, ta sake gyarawa, kamar wadda aka zuba wa ƙaiƙayi a zani. A bayan ma'aikaciyar, taswirar arewacin Kamaru ta cinye bango guda, an caccake ta da allurai masu kawuna kala biyu.

Nan ce Cibiyar Taswirar Mafarkai, wadda wasu masana suka buɗe a Garwa bara. A cewarsu, abin da jama'a suka ɓoye da rana barci ke tona shi, don haka in an tara mafarkan unguwa an ga ciwonta. Mafarkin alheri allura koriya, na tsoro ja. An kuma yi shela cewa inda ja ta fi yawa, can za a gina ɗakin jinyar 'yan ƙwaya.

"Shanu na gani," in ji Maimuna. "Farare, suna shan ruwa a kogin Binuwai."

"Ku kullum daga shanu sai Makka!" Georgette ta yi dariya, ta soka koriya. "Unguwar Hausare akwai barci mai daɗi. Ni fa gidanku zan tare."

Ba shanu ta gani ba. Mako uku ke nan tana ganin ɗanta Zaharaddin yana shiga kogi da rigarsa ta fawa, ruwa na hawa ƙirjinsa, tana kira murya ta ƙi fita. Da ido biyu ma ba ta huta ba. Ƙwayar Tiramol da ya fara haɗiya don ya jure fiɗa daga asuba zuwa azahar, yanzu ita ke haɗiyarsa. Sau biyu yana faɗuwa a mahauta yana kumfa. Ubansa Abdulkarim ya ce in aka yi na uku, ya san abin yi.

Amma mugun mafarki ba a faɗinsa. A tofa hagu sau uku, a nemi tsari, a juya kwanciya, a ja baki. An ce a ƙafar tsuntsu yake rataye, ranar da aka furta shi ranar zai faɗo. Masanan nan sun yi karatu har Faransa, ba wanda ya tsaya ya tambayi tsohuwa ko guda.

*

A bakin famfo ta tarar da maƙwabciyarta Mairamu, bokiti ya cika yana zuba, ita kuwa ta ƙura wa bango ido.

"Maman Kolo, ruwanki na ɓarna."

Mairamu ta zabura. Idonta ya yi ja irin na wanda barci ya zame wa fagen fama. Nata ɗan ma ya shekara yana sha.

"Ke ma kina gani ko?" Maimuna ta yi ƙasa da murya.

"A'uzubillahi! Ni aljanna nake gani."

"Mu duka aljanna muke gani, shi ya sa muka rame."

"Rufa mini asiri, Yaya. In na faɗa ya faɗo fa? Ke za ki ba ni wani ɗan?"

Maimuna ta ɗauki bokitinta, ta ajiye, ta sake ɗauka. Ta bi layin da ido, ƙofa bayan ƙofa, ta san abin da ke kwance a kowane zaure. Tun yaushe suke tofi? Yawu ya ƙare, yaran sai ƙara zubewa suke. Anya tsuntsun nan bai daɗe da sakin kayansa ba, su ne suka ƙi duba ƙasa?

Kwana huɗu tana kai-kawo. Ta sa mayafi ta cire. Ta kai bakin titi ta dawo, wai ta manta tukunya a wuta.

*

Ranar Alhamis ta shiga cibiyar ko sallama ba ta ƙarasa ba.

"'Yata, rubuta. Ƙarya na yi miki."

Ta zayyana komai: kogin, rigar, muryar da ta maƙale. Georgette ta ajiye biro a hankali.

"Mama, rahoto ya tafi tun Litinin. Garin Ingong aka ba ɗakin. Direbobin can ba sa ɓoye komai." Ta dubi bangon, ta dawo da ido. "Wata takwas kuna zuwa. Me ya hana ku faɗa?"

"Ku me ya hana ku tambaya ko ana faɗa?"

"Sai dai zagaye na biyu, in an yi."

"Yaushe?"

Georgette ta rufe littafinta.

*

Tun daga kan kwana Maimuna ta ji ƙarar guduma. Mata sun yi cirko-cirko a ƙofar gidanta. Zaharaddin ya sake faɗuwa da hantsi, da wuƙa a hannu, har ya yanki abokin aikinsa. Ubansa ya sa an ɗauko shi a amalanke, ya kira maƙeri ya sa masa mari a ƙafa.

Mairamu ta tare ta a zaure, ta leƙa fuskarta.

"Kin faɗa ko?"

Sauran matan suka ja baya, suka ba ta hanya fiye da yadda take bukata. Maimuna ta san daga yau babu wadda za ta ƙara buɗe baki a unguwar nan.

A tsakar gida Zaharaddin na zaune jingine da turmi, ido a lumshe, ƙafa ɗaya ta riga ta shiga ƙarfe. Abdulkarim ya juya wa kowa baya.

"Dakata, Malam," Maimuna ta ce wa maƙerin.

Ta durƙusa, ta kama bakin mayafinta da haƙori ta yage. Ta naɗe idon sawun ɗayar ƙafar, ninki uku, don kada ƙarfen ya ci fata. Sannan ta riƙe masa ƙafar, ta ce a ci gaba.