Rigar Zuwa Kotu

Sun kai mataki na tara a benen kotu lokacin da ƙafar kujerar robar ta lanƙwashe. Tela ya tokare ta da gwiwa, 'yar Mai Sito ta riƙe ɗaya gefen. Mai Sito, da ke kan kujerar, ya buɗe ido ya ce wa Tela, "Almakashi, in yar da ni za ka yi, ka bari a kira shari'ata tukuna."

"Rufe mana baki. Tsumma ma ya fi ka nauyi."

Katanga ɗaya ta raba shagon Tela da ɗakin Mai Sito. Shekara goma sha uku ke nan Tela yana rako shi wannan benen, tun ranar da ya tsaya masa beli. An ce kwalayen magani sun ɓace daga siton da yake riƙe da makullinsa. Aka kore shi daga aiki, aka gurfanar da shi, sai ɗage-ɗage suka biyo baya: yau mai shaida bai zo ba, gobe an sauya alƙali, jibi fayil ya yi ɓatan dabo. Matarsa ta rasu a shekara ta shida. Ciwo ya kama shi a ta tara. Yanzu lauya ya ce alƙali ba zai yanke komai ba sai ya ga wanda ake tuhuma da idonsa, shi ya sa suka ɗauko shi daga gado.

Riga ɗaya yake sawa zuwa kotu, shuɗiya, wadda Tela ya ɗinka masa gab da zaman farko. Sau huɗu ana rage ta. Kowane karo sai ya ce, "Kar ka yanke min yadi. Naɗe shi ciki. Ranar da aka wanke ni zan murmure, ka sake min ita." Tela yakan yi tsaki, ya naɗe.

Zaman bai kai minti biyar ba. Mai gabatar da ƙara ya ce har yau ba su da mai shaida. Alƙali ya duba fayil, ya dubi kujerar robar, ya ce shari'ar ta yi tsawon da ya wuce hankali. Ya kori ƙarar, ya sallami wanda ake tuhuma.

Mai Sito ya ɗaga hannu. "Ranka ya daɗe, to na ɗauka ne ko ban ɗauka ba?"

Magatakarda ya riga ya kira shari'a ta gaba.

A baranda lauya ya durƙusa kusa da shi. "Baba, an gama. Ba za ka sake hawa benen nan ba."

"Na ji. Wanke ni aka yi?"

"Sallama ce. Tunda ba a saurari shaida ba, kotu ba ta ce komai a kan laifin ba."

"Shekara goma sha uku," in ji Mai Sito, "ba ta ce komai ba."

Da suka koma gida 'yar ta fita ɗebo ruwa. Tela ya sunkuya yana cire masa rigar, ya ga kafaɗar ta sake zubowa. Ya zaro allurai daga aljihu ya sa a baki, ya fara kama yadin.

"Almakashi."

"Uhm."

"Ban taɓa tambayarka ba. Kai me ka ce?"

Tela ya tsaya. Ya tuna shekarar farko, da ya ga sabuwar rediyo a ɗakin nan, ya kwana biyu yana saƙe-saƙe, bai gaya wa kowa ba. Ya cire alluran daga bakinsa ɗaya bayan ɗaya.

"Ba ka ɗauka ba."

Mai Sito ya dube shi. "Ka daɗe kafin ka amsa."

"Allura ce a bakina."

"Na gani." Ya juya fuska wajen bango.

Bayan kwana biyar, da hantsi, Tela yana kan keken ɗinki ya ji 'yar ta kira shi ta katanga: "Kawu, zo." Muryarta kawai ta ishe shi. Ya tsayar da keken.

Da mutane suka watse bayan jana'izar Mai Sito ta kawo masa rigar a leda. "Kawu, ka ba wanda za ta yi wa. Ni ba na son ganinta."

Ya shimfiɗa ta a kan teburin yanka. Babu babban mutumin da za ta shiga a haka. Ya ɗauki reza ya bi ɗinkin gefe yana farkewa, na huɗu, na uku, na biyu, har ya kai na farko. Yadin da ya naɗe shekara da shekaru ya buɗe, shuɗi shar, rana ba ta taɓa ganinsa ba. Sauran rigar duk ta koɗe.

Ya goge ta, ya rataye a ƙusar bakin ƙofa. Faɗinta ya kusa rufe hasken shagon. Ya koma kan keke, ya zauna, bai taka ba.