Waifa Ta Tsaya a Ƙofar Doka

Duk Limancin Kona an san tsohuwar marsandin Malam Abubakar Siddiƙ, ruwan madara, wadda sai ta yi tari sau biyu take tashi. An kuma san mai tuƙa ta, wato Bahago, ɗan Malam na fari. Shekara goma sha tara ke nan, duk ranar Asabar da hantsi, shi ke kai Malam Tudun Wada ya gaida yayarsa Goggo Talatu, ya jira shi a zaure, ya dawo da shi kafin azahar.

Wanda bai san gidan ba zai ce wahala ce kawai. To, ba haka ba ne. Ɗan fari a irin wannan gida ba ya jin daɗin uba a fili. Sunan Bahago na yanka Audu, amma tun da aka haife shi bakin Malam bai taɓa furta sunan ba. Ƙannensa su zauna kusa da buzun Malam a yi raha, shi kuwa in ya shigo sai Malam ya ɗauke kai, ya ce, "Kai, an ba dabbobi ruwa?" Kunya ce, kowa ya sani, shi ma ya sani, amma sanin bai taɓa rage masa zafin abin ba.

A cikin mota ne kaɗai kunyar ke sassautawa. Da an rufe ƙofa, kowa idonsa na kan hanya, sai bakin Malam ya buɗe. Ya ba shi labarin ƙuruciyarsa, ya yi maganar marigayiya mahaifiyarsu, ya tambayi lafiyar jikoki ɗaya bayan ɗaya. Minti ashirin zuwa, minti ashirin dawowa. Wannan ne rabon Bahago na uba a mako, kuma ya riƙe shi da hannu biyu.

Sai ofishinsu ya tura shi kwas Kaduna na mako uku. Kafin ya dawo, makullin mota ya koma aljihun Haisam, mijin autarsu Halimatussa'adiya, wani mai sanyin murya da ke zaune a Kusfa. Bahago ya zaci aron makulli ne. Asabar ta farko ta wuce, ta biyu ta wuce, ba wanda ya ce masa uffan. A ta uku ya ji da kunnensa Malam na gaya wa baƙi a zaure, "Haisam tuƙinsa da sanyi. Ko rami ya shiga ba ka ji a ƙugunka."

Bahago ya haɗiye wannan da ƙyar. Abin da ya kasa haɗiyewa shi ne ranar da ake cin tuwo, Haisam ya kwashe labarin yadda Malam ya je Sakkwato a bayan motar gyaɗa yana saurayi, ya ba kowa, ana ta dariya. Labarin nan Bahago ya ɗauka nasa ne shi kaɗai. Ya tsame hannu daga kwano ya ce ya ƙoshi. Kishi ne ya cika masa ciki, ba wani abu ba, irin wanda namiji mai shekara arba'in da shida ba ya iya faɗa wa ko matarsa. Ya riƙa ganin laifin Haisam a komai: gaisuwarsa ta yi tsawo, hularsa ta cika karkata, hatta yadda yake cire takalmi a ƙofar zaure haushi yake ba shi.

Abu ɗaya aka bar masa, wankin motar da safiyar Asabar. Ran nan cikin watan Agusta ya fito da bokiti, ya ga hadari ya haɗo baƙi ƙirin daga gabas. Ya tsaya yana kallonsa, soso a hannu, sai shaiɗan ya raɗa masa magana.

Ya buɗe bonet. Can kusa da gilashin gaba, ɓangaren direba, akwai wani ɗan akwati baƙi mai murfi. Ba wanda ya taɓa buɗe shi a gidan nan sai shi. A ciki fiyus ne jere, kowanne kamar ƙwallon dabino, fari da ja da shuɗi, da siririn ƙarfe kwance a bayansa. In wuta ta yi yawa, siririn ƙarfen ne ke tsinkewa don kada waya ta ƙone. Bahago ya san na fitila, ya san na hon, ya san na waifa mai share ruwa a gilashi. Ya zare na waifar ya jefa a aljihu. Ya lalubo wani ƙonanne a gwangwanin tarkacensa ya cusa a gurbin, ya mayar da murfi.

Ya ce a ransa, ai ba birki na taɓa ba. Ruwa zai sauko, su tsaya a gefen hanya, su rasa yadda za su yi, a nemo shi, wanda ya san motar. Malam ya gane bambancin mai tuƙi da mai sanin abin da yake tuƙawa.

Ƙarfe goma Haisam ya zo, ya durƙusa ya gaida Malam, ya ce wa Bahago, "Yaya, sannu da aiki, motar har ƙyalli take." Bahago ya amsa da hanci. Yana tsaye Malam ya shiga gaba, ya zauna a kujerar da ya saba zama, suka fice daga lungun.

Ba a yi minti goma ba ruwa ya ɓarke kamar da bakin ƙwarya. Bahago ya zauna a zaure, waya a tafin hannu, yana duba ta kamar mai jiran sakamakon asibiti. Da ta yi ƙara sai ya bar ta ta yi sau uku, don kada a ce jira yake.

"Yaya, muna Ƙofar Doka," in ji Haisam. "Waifa ta ƙi motsi. Baba ya ce a kira ka."

Baba ya ce a kira ka. Bahago ya maimaita kalmomin nan a bayan ɗan acaɓa tun daga bakin lungu, ruwa na dukan fuskarsa, yana jin daɗinsu kamar alewa.

Daɗin ya gushe da ya hango motar. Ba a gefen hanya take a natse ba, yadda ya tsara. Ta karkace, tayar gaba ɗaya na leƙen lambatu, ga ɗanyar masara warwatse a cikin taɓo, wani mai tura kura na tsince ta yana mita. Haisam ya jiƙe sharkaf tun daga hula har ƙirji, don da gilashi ya rufe, kai ya fitar ta taga yana neman wurin tsayawa, har ya goge kurar mutumin. Malam na zaune a ciki, hannunsa ɗaya dafe da gaban mota, carbinsa ya faɗi a ƙasa. Tsoro ya kama Bahago. Taki ɗaya ya rage tsohon nan ya kwana a asibiti, kuma shi ya jawo.

Ya leƙa ta taga. "Baba, ba ka ji ciwo ba?"

"Alhamdu lillahi. Duba mana ita."

Da a nan ya tsaya, ya gyara, ya yi shiru, da ya tsira da mutuncinsa ko a wurin kansa. Amma ya waiga ya ga mutane cike a rumfar mai shayi suna kallo, ya ga Haisam tsaye da lema yana rarraba ido, sai tsoron ya janye, kishin ya dawo mazauninsa.

"Riƙe min lemar nan da kyau," ya ce wa Haisam.

Ya buɗe bonet, ya cire murfin akwatin. Ya san inda ciwon yake, amma bai je can kai tsaye ba. Ya fara daga na farko, ya zare, ya ɗaga sama ya duba siririn ƙarfen, ya murza bakin fiyus ɗin da yatsa, ya mayar. Ya yi na biyu, ya yi na uku, yana gyaɗa kai kamar likita. Sai da ya ga rumfar mai shayi ta yi tsit sannan ya zaro ƙonannen.

"Ga ɓarawon," ya ce da ƙarfi. Ya sa hannun hagu a aljihu, ya fito da mai kyan, ya danna shi a gurbi. "Je ka kunna."

Haisam ya murza makulli, motar ta yi tarinta ta tashi, waifa ta shiga kai da komo. Wani a rumfa ya ce, "Kai, sai Bahago!" Mai kura ma ya bar mita ya matso kallo.

Haisam ya fito, ya zagaya wajen tagar Malam ya rusuna. "Baba, ni dai da za a bi tawa, a mayar wa Yaya makullin nan. Yau na ga iyakata. Tuƙi kawai na iya, ban san cikinta ba."

Ga abin da Bahago ke nema an miƙo masa a faranti. Sai dai mai kishi ba ya ƙoshi da samu, sai ya ga ɗayan ya rasa. Ya yi 'yar dariya, ya ɗaga murya yadda rumfa za ta ji.

"Haba, wannan har wani abu ne? Ko yaro aka nuna wa sau ɗaya ai zai yi. Mutum dai ya damu ya sani ne."

Malam ya sauke gilashin taga har ƙasa. Bai dubi Bahago ba, gaba yake kallo.

"Tunda sau ɗaya ne, nuna masa."

"Baba, ruwa ake..."

"Ruwan ya tsagaita. Kai, a gidanmu ka taɓa ganin an zo neman sani an koma hannu wofi? Wanda ya san harafi ɗaya, bashin... a'a, amanar harafin na wuyansa har sai ya ba wani. Cire fiyus ɗin, ya sa da hannunsa, ya biya maka kamar yadda ake biya karatu."

Ba a musu da Malam a zaure, balle a bakin titi. Bahago ya koma gaban mota. Ya nuna wa Haisam yadda ake kwance murfin. Ya nuna masa takardar da ke manne a cikinsa, wadda ta dushe, mai faɗin aikin kowane fiyus. Ya gaya masa a kashe mota kafin a taɓa, a duba siririn ƙarfen ko ya rabu, a kankare bakin in ya yi kore. Fari a gurbin fari, ja a gurbin ja, kada a sa babba inda ƙarami yake, kada kuma a yarda da masu naɗa waya ko takardar sigari, don mota suke ƙonawa. In sabo ya sake ƙonewa nan take, to ciwon na cikin waya, a nemi mai gyaran wuta. Kowace kalma da ta fita bakinsa ji yake kamar haƙori ake cire masa. Shekara goma sha tara yana tara abin nan, ga shi yana juye shi cikin minti biyar.

Haisam kuwa kansa na ja. Ya zare, ya duba, ya mayar, ya biya duka ba tuntuɓe. Sannan ya karɓi ƙonannen yana juya shi a tafin hannu.

"Yaya, amma wannan kamar ya daɗe da ƙonewa. Dubi inda ya tsinke, har tsatsa ta..."

Ya ɗago ya dubi Bahago, ya dubi aljihun da mai kyan ya fito, ya sake duban abin da ke hannunsa.

"Me ka ce?" in ji Malam daga cikin mota.

"Na ce tsufa ne, Baba," Haisam ya amsa. "Komai na motar ya tsufa." Ya saki fiyus ɗin a lambatu, ruwa ya tafi da shi, ya rufe bonet a hankali.

Da ya tona shi, da Bahago ya samu abin riƙewa, ya ƙi shi da hujja. Yanzu ga rufin asiri an yafa masa a gaban jama'a, daga hannun mutumin da ya fi ƙi a duniya, kuma dole ya yafa. Bai taɓa jin ya tsani Haisam kamar wannan lokacin ba, bai kuma taɓa sanin cewa Haisam ya fi shi ba sai yau.

"Madalla," in ji Malam. "Yanzu hankalina ya kwanta, ba sai an riƙa taso ka cikin ruwa ba. In akwai sauran masu kyau a wurinka, ka ba shi ya ajiye a mota. Ka koma gida ka sauya kaya kada sanyi ya kama ka. Yaya Talatu na can na jira."

Haisam ya ba mai kura haƙuri, ya ja motar baya a hankali ya daidaita ta. Kafin ya shiga giya ya leƙo. "Yaya, ko za ka zo mu je tare? Ga baya ba kowa."

Bahago ya dubi kujerar bayan. Ya san in ya shiga, Malam zai yi shiru har Tudun Wada, don ba ya hira da ɗan fari a gaban suruki.

"Ku je kawai," ya ce.

Motar ta bi ta ƙofar ta fita. Ta gilashin baya ya hango rawanin Malam ya karkata wajen Haisam, hannunsa ya ɗaga yana kwatance, alamar an fara wani labarin. Ɗan acaɓan da ya kawo shi ya matso ya ce, "Alhaji, Limancin Kona za mu koma?" Bahago bai ji shi ba, sai da ya sake tambaya.