Man Kaɗanya a Kan Ƙwallon Jalilu

Cikin abubuwan mamaki na ƙasar Turawa akwai ƙwallon kurket. Ja ce, mai tauri kamar goruba, da ɗinki a tsakiya. Kunci ɗaya ake goge mata da gumi ko yawu har ya yi sheƙi, ɗayan a bar shi da kaushinsa, don in an jefa ta ta karkace a iska kamar shirwa. Amma mai, ko na ɗigo ɗaya ne, haramun ne ya taɓa ta.

Salimatu ba ta san wannan doka ba. Ita dai ta san ɗanta Jalilu tun yana shekara shida yake jifan kwandon shara a bayan gidansu na unguwar Cheetham Hill, can ƙasar Turawa, har maƙwabta suka gaji da kai ƙara. Ta kuma san ba ta taɓa barinsa ya fita da fata fururu ba. Kowace safiya sai ta mulke masa fuska da hannuwa da man kaɗanyar da ake aiko mata daga Kumasi.

A shekarar 2006, yana da sha huɗu, aka kira shi Birmingham gwajin zaɓen matasa. Yara arba'in, shida za a ɗauka. Ranar ta ninka masa man, tun da bainar jama'a za shi.

Jifa uku ya yi, sanduna ukun da ake hari a bayan mai dukan ƙwallo suka tarwatse sau biyu. Sai alƙalin wasa, wani dogo mai farar taguwa kamar likita, ya karɓi ƙwallon, ya shinshina, ya shafi goshin yaron, ya sake shinshinawa. Ya ɗaga murya kowa na ji, ya ce yaron nan yana maguɗi, ya zaro littafi ya rubuta.

Salimatu ta tsallake igiyar fili, mayafi na jan ciyawa.

"Mma, please, ba a shiga nan," in ji Jalilu, idonsa ya kawo ruwa.

"Rufe mini baki! Kai Malam, wa ka kira ɗan maguɗi?"

Alƙali ya bayyana mata cewa yaron yana shafo mai daga goshinsa yana goga wa ƙwallo, kuma in rahoton ya wuce, babu ƙungiyar da za ta sake dubansa.

"Ikon Allah! Yau shekara sha huɗu ina shafa masa man nan, tun bai san ƙwallo ba. To a cikin zanin goyo ya fara maguɗin? Ku da kuke tofa wa abu yawu ku miƙa wa ɗan'uwanku, ku ne masu tsabta, man kaɗanya ne ƙazanta? GP ma, likitanmu, da ya ga fatarsa sai da ya tambaye ni sirrin!"

Wasu iyaye suka yi dariya. Ita ko gezau.

"A kawo sabulu," ta ce.

Aka kawo bokiti. Nan tsakiyar fili ta kama ƙeyar Jalilu ta dirje masa fuska da hannuwa, kamar ranar da ya faɗa kwata yana ƙarami, har fatar ta yi toka-toka. Wannan ya fi komai ƙona mata rai: ɗanta a gaban Turawa kamar wanda ba shi da uwa.

Aka ba shi wata ƙwallo, aka ce jifa shida.

Ta farko ta tafi sak, mai duka ya sharara ta har waje. Ta biyu ma haka. Jalilu ya tsaya, rana ta dake shi, gumi ya tsatso masa, nasa na kansa. Ya lakato ya shafa wa ƙwallon a kunci ɗaya, ya goge ta a jikin wandonsa, ya ja da baya, ya sheƙo. Ta uku ta ɗan lanƙwasa. Ta huɗu ta nufi waje, sai ta yi kwana a iska ta tumɓuke sandar tsakiya.

Alƙali ya buɗe littafinsa a hankali, ya ja layi a kan abin da ya rubuta. Mai zaɓen 'yan wasa ya sa sunan Jalilu na huɗu.

"Mma, an ɗauke ni, let's go," yaron ya raɗa mata, yana jan hannunta.

Ta fizge. Ta tsaya gaban alƙalin, kanta bai kai kafaɗarsa ba.

"Da ƙarfi ka ɓata shi, a ɓoye za ka wanke shi? Yadda ka faɗa, haka za ka janye."

Dogon ya dubi jama'a, kunnuwansa suka yi ja. Ya ce yaron bai yi maguɗi ba.

"Na can baya ba su ji ba," in ji Salimatu.

Ya cire hularsa, ya maimaita, har na bakin ƙofa suka waiwayo.