Baƙuwar da Ta Tafi da Nonon Dua

A lokacin dashen shinkafa babu mai zama gida a Hau Thao, ƙauyen mutanen Hmong da ke kan dutse, sai wanda ba ya iya miƙewa. Tsofaffi da yara duk suna gangare, cikin laka. Shi ya sa ranar babu mai tsaron ƙofar Dua sai reshen ɗanyen ganye da aka rataya a kanta, kuma a garin nan wannan ya isa. Ko mashayin da ya yi tatul da giyar masara ya ga ganye a ƙofa, ya san mai jego ce a ciki, sai ya juya.

Pang, yayar Dua, tana can ƙasa a fangalin surukarta, laka har gwiwa, 'yarta Zu tana barci a bayanta. Ruwan da aka tsuga ya ɗauke ke nan, ta miƙe don ta huta wa ƙugunta, sai ta hango mutum uku suna fitowa daga gidan ƙanwarta. Biyu Turawa ne, da manyan jakunkuna. Na gaba kuwa, mai nuna dutse da sanda kamar shi ya dasa shi, ko daga nan ta gane shi. Seng ne, mijin Dua, wanda bara ya fara yi wa 'yan yawon buɗe ido jagora.

Ta yar da damin dashen da ke hannunta, ta kama hawa.

Kafin ta isa sun ɓace. Sawun takalma ne ya tarbe ta, jar laka tun daga dokin ƙofa har bakin murhu. Dua na zaune kan shimfiɗarta ta jego, gashi a warware, jaririn da ko mako bai cika ba yana tsala kuka a cinyarta.

"Yaya," ta ce, "ciki gare ta."

"Wa?"

"Baturiyar. Sai da ta cire rigar ruwa na gani. Ta ɗauki yaron, ta ɗora shi a kan cikin nata tana yi masa wasa, mijin yana ɗaukar hoto. Na kasa magana, Yaya. Seng yana ta yi mini alama da ido wai in yi murmushi."

Pang ta dafe kai. Yarinyar da ba ta iya ɗaura zani ba ma ta san mai ciki ba ta shiga wurin mai jego, don ɗan da ke cikinta janye nonon yake yi ya ajiye wa kansa. Balle a shiga da takalmi, da jaka a baya.

"Tun da suka fita nake ba shi nono, ya kama ya saki, ya kama ya saki. Babu komai. Ta tafi da shi."

Pang ta durƙusa, ta sa hannu ta taɓa. Nonon da nauyinsa, har ya yi tauri. Ta yi jego ita ma, ta san yadda tsoro yake ƙulle mace har ɗigo ya ƙi fita. Amma ta san ƙanwarta. Ko za a kwana ana yi mata bayani, Dua ba za ta saki jiki ba sai an mayar mata da abinta. Kuma ita kanta Pang ba ta shirya gwada gaskiyar tsofaffi a kan yaron da aka haifa ɗan mitsitsi kamar ɗan tsako ba.

"Kawo shi in ɗan ba shi nawa."

Dua ta ƙanƙame shi. "In ya saba da naki, nawa ya tafi ke nan har abada."

To, magani ɗaya ne, kowa ya san shi. Wadda ta ɗauka ita ke mayarwa: ta dawo bakin ƙofa, ta miƙa wa mai jego shinkafa da hannunta, ta ce ga nononki. Matsalar, mota tana jiran baƙin a titi, can ƙasa bayan gada. In suka shiga, sai garin Sapa, daga nan kuma sai inda ba wanda ya sani.

Pang ta ƙara ɗaure goyonta, ta fita. A gefen turken alade ta ga reshen ganyen, an jingine shi da kyau.

Ba ta bi hanya ba. Ta yanki gangaren kai tsaye, daga shingen wannan fangali zuwa na ƙasa da shi, yatsun ƙafarta suna kama laka, Zu ta farka tana dariya don ta ɗauka wasa ne. Masu dashe suna ɗago kai suna kiranta, ba ta amsa ba. A cikin kurmin gora, inda hanya ta yi santsi, ta cim musu.

Baturen ne ya fara ganinta. Ya dubi goyon, ya dubi hannuwanta da shuni ya rina, ya ɗauka 'yar talla ce, ya ɗaga tafinsa yana murmushi.

"A'a, mun gode. Ba ma sayen komai."

Pang, wadda tun kafin ta yi aure take hawa da Turawa dutsen nan, ko kallonsa ba ta yi ba. Ta wuce ta tsaya a gaban Seng.

"Sannu da aiki, sarkin baƙi."

"Yaya Pang, lafiya? Rage murya mana, mutane ne a gabanmu."

"Au, ka san mutane? Wadda ka baro a bakin murhu fa, akuya ce?"

"Ruwa ne ya sauko, matar ta gaji. In bar ta a waje?"

"Rumfar ɓaunar noma ba ta da rufi? Gidan kawunka da ke jikin naka, wuta ya ci? Ganyen ƙofa kuma iska ce ta cire shi, ta kai shi wurin alade ta jingine a hankali don kada ya ji ciwo?"

Seng ya sosa ƙeya. "Sun ce suna son ganin gida na gaskiya, ba wanda aka gyara don baƙi ba. Kin san yadda abin yake yanzu, in ba su ba ka taurarin yabo a waya ba, babu mai sake nemanka."

"Taurari! To ka matse su a cokali ka ɗura wa ɗanka. Tun da kuka fita bai haɗiyi komai ba."

Fuskarsa ta sauya. "Na rantse ban san tana da ciki ba."

"Matarka ta gama ɗaukar ciki a gaban idonka, ba ka san kamannin ciki ba? Da wa kake zaune a gidan, da wayarka? Kuma don rashin hankali ka biyo da mai ciki ta wannan santsin. In ta zame, taurari nawa za su ba ka?"

Baturiyar ta matso, tana duban wannan tana duban wancan. Ta tambayi Seng abin da ya faru.

"Ba komai," ya ce da Turanci. "Yayar matata ce. Wai ruwa zai dawo, mu yi sauri."

"Ƙarya yake yi," Pang ta ce, da Turancin da ya fi nasa tsayuwa.

Ta faɗa musu komai, ba ta yi wa maganar ado ba. Ganyen, takalman, cikin, da abin da ake so matar ta yi. Baturen ya saurara, sannan ya gyara tabarau ya fara bayani cikin taushin murya, cewa jikin mace ba haka yake aiki ba, kuma in madarar gwangwani ake bukata shi zai aiko daga gari.

"Ban zo ka koya mini nono ba," ta katse shi. "Ina da shi, ga mai shansa a bayana. Abin da ka yarda da shi naka ne, ba ruwana. Amma ƙofar tamu ce. Kun shiga, kun ɗauki hotonku, kun fita, kun bar yarinya tana kuka yaro yana kuka. Abin da na zo faɗa ke nan."

"Ba mu ga wata alama ba," matar ta ce a hankali.

"Na sani. Seng ne ya cire ta."

Sai a lokacin Pang ta dube ta da kyau. Ƙafafunta sun kumbura har igiyar takalmin ta nutse, leɓenta ya bushe, hannu ɗaya a ƙarƙashin cikin. Pang ta waiga ta dubi hawan da ta gangaro. Ta zo da niyyar ko jan matar ne ta ja ta, ga shi ba za ta iya ba. Wannan ma ɗa take ɗauke da shi. Haushin ya rasa inda zai sauka, ya sake komawa kan Seng, ta harare shi har ya sunkuyar da kai.

"Yaron bai ci komai ba tun ɗazu?" matar ta tambaya.

"Ko ɗigo."

Matar ta kwance jakarta ta ajiye a ƙasa. Mijin ya ce mota fa, ta ce masa motar ta jira. Suka yi 'yar magana da harshensu, gajeriya, irin wadda ko ba ka jin yaren ka san wanda ya ci.

"To, ji nan," Pang ta ce. "Ba ta inda kuka sauko za mu bi ba. Ta bakin rafi za mu zaga, ta fi nisa amma ba ta da tsayi. In na ce tsaya, ki tsaya. In kin ji mararki ta ɗaure, ki faɗa mini nan take, ban son jarunta. Kawo hannunki." Ta juya ga Seng. "Kai kuma ɗauki jakunkunan, duka biyun. Yau ka zama ɓauna."

Suka hau a hankali. Pang na gaba, tana nuna mata inda za ta sa ƙafa, tana tsayar da ita ta sha ruwa ko ba ta nema ba. Duk tsayawar da suka yi, kunnenta yana can sama. Tun kafin gidan ya bayyana suka jiyo kukan, ya dushe, ya zama kamar na 'yar kyanwa. Hannun matar ya matse nata.

A bakin ƙofa Pang ta sa ta cire takalma, ta nuna mata dokin ƙofar ta ce nan ne iyakarta. Ta shiga ta ɗebo shinkafa a tukunya, ta fito ta danƙa mata kwanon, ta faɗa mata kalmomin har sai da bakinta ya kama su. Dua ta taso da ƙyar, tana dafa bango. Matar ta miƙa kwanon da hannu biyu ta saman dokin ƙofar.

"Ga nononki," ta ce da harshen Hmong, a karkace, idonta cike da hawaye. "Na mayar miki."

Dua ta karɓa. A tsaye ta ci, loma bayan loma, har ta sharce kwanon. Pang ta zaunar da ita kusa da wuta, ta jiƙa tsumma a ruwan ɗumi ta ɗora mata a ƙirji, tana murza mata kafaɗu.

"Saki jikinki. An kawo, kin ci, magana ta ƙare. Sa shi."

Yaron ya kama, ya saki, ya yi ƙara. Dua ta ɗago ido a firgice.

"Ni kike kallo? Shi za ki kalla. Sake sa shi."

Ya sake kamawa. Ɗakin ya yi tsit, sai ƙarar itace a murhu. Can suka ji ɗan sautin haɗiya, sannan wani, sannan wani. Farin ɗigo ya gangaro ta gefen bakinsa. Dua ta kifa goshinta a kafaɗar yayarta, jikinta duk ya saki.

Seng ya leƙo, yana haki, jakunkunan har yanzu a jikinsa. "Kin gani, Yaya? Ai komai ya wuce."

"Wurinka ya wuce." Pang ba ta ko waiga ba. "Ka nemo babur ka kai matar nan titi, a hankali, ban ce ka yi tsere ba. In ka dawo ka sauka fangali ka gama dashen da na bari. Ni nan zan zauna har jegon ya cika, kuma da bakina zan faɗa wa uwarka abin da ka yi, kafin ka riga ni ka gyara labarin."

Ya buɗe baki zai yi magana, Dua ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "Ja mana ƙofar, Seng. Yana ci."