Ranar da Muka Kai Baba Labaran Kotu

"Ku tallafe wajen kai, kada ku girgiza shi," in ji Inna Mairama, tana riƙe mana ƙofa.

Muka fito da mijinta, Baba Labaran, a kan angarib, gadon igiyar da ya daɗe bai sauka daga kansa ba. Babu nauyi ko kaɗan. Ni maƙwabcinsa ne a unguwar Alsawra, tsallaken kogi daga Khartum, na san shi tun yana saɓa buhun dawa shi kaɗai, da ƙarfin da ya zo da shi daga gonakin yankin Jazira.

Shi ne shugaban asibitin haɗin gwiwa na unguwarmu. Da ajiyarmu aka gina shi, bisa alkawarin magani da sauƙi, kuma mai son kuɗinsa ya zo ya karɓa. Sai darajar jinai, kuɗin ƙasar, ta faɗi, magani ya yi tsada, asibitin ya rufe. Masu ajiya suka kai ƙara, kotu ta ce a biya, babu abin biya. Aka yi ta kiran Baba kotu bai je ba, domin ƙafafunsa sun kumbura. Ranar nan ɗan sanda ya zo ya ce Baba ya raina kotu, idan bai bayyana ba za a kama shi.

"Ni na raina kotu?" in ji Baba. "Ku kai ni su ga mai rainin."

Mota mai buɗaɗɗen baya guda ce a layinmu, ta Zubairu makanike, shi ne kuwa jagoran masu ƙarar. Kuɗin Hajjin mahaifiyarsa ne suka maƙale. Na je wurinsa ina jin nauyi. Ya daɗe yana goge hannu da tsumma.

"Ƙarata tana nan, ban janye ba," ya ce. "Amma ku kawo shi."

A hankali ya tuƙa har muka haye gada zuwa Khartum, Inna Mairama tana yi wa mijinta inuwa da gefen mayafi.

A kotu gadon ya ƙi bin matakala, sai muka ajiye shi a gindin wata darbejiya. Aka gaya wa alƙali. Da farko ya ce a shigo da shi, daga baya ya leƙo ta taga, sai ya sauko da kansa.

"Maulana, ga ni," Baba ya ce wa alƙalin, muryarsa da kyar take fita. "Ba raini ba ne, ƙafa ce. Gidana yana nan, a sayar. Ba zai isa ba, amma shi ke gare ni."

Inna Mairama ta ɗago ta dube shi. A nan ta fara jin zancen sayar da gidan.

"Na soke batun raini," in ji alƙali. "Bashi kuwa haƙƙin mutane ne, ba ni da ikon yafe shi."

"Haka ne," in ji Baba.

Bai ƙara wata doguwar magana ba. Da muka koma ya nemi shayi, ya kurɓa kaɗan. Washegari bayan la'asar na ji kukan Inna Mairama.

Kafin a yi masa salla liman ya tambaya, "Akwai mai binsa bashi?"

Kusan duk sahun muna binsa. Wasunmu muka ce mun yafe, wasu suka dubi ƙasa, kuma ban ga laifinsu ba, don na san abin da ke gidajensu.

Zubairu ya yi gyaran murya. "Wahalar da na sha, na yafe. Kuɗin na tsohuwa ne, sai na tambaye ta."

Kotu ta bar Inna Mairama ta gama takaba kafin a sayar da gidan. Wata safiya matata ta aike ni da koko na miƙa mata. Na tarar an ɗaure kwanuka a buhu, an jingine tabarmi a bango. Tana tsugune a gindin ƙaramin lemun tsamin tsakar gida, da fararen kayanta, tana zuba masa ruwa da buta.